Malam Bappayo, Mai Wanke 'Yan Wasansa

A da, kullum da an fito daga sallar asuba, Malam Bappayo zai tsayar da tsohon babur ɗinsa a ƙofar gidana ya sayi ƙosai. Jakar kyamara a kafaɗa, takardu sun leƙo daga aljihu. Ba ya zama. A tsaye yake ci, yana tambayata abin da mata ke cewa kan wasan da aka nuna a talabijin. In na ce maganar wance ba ta yi kama da ta mutanen Azare ba, sai ya ce, "To Hajiya, ke yaya za ki faɗe ta?" In faɗa, bayan kwana biyu in ji ta a bakin 'yar wasa.

Shi ne mai shirya wasan kwaikwayo, shi ke ba da umarni, amma ba a ganin fuskarsa. Shi zai nemo gidan da za a ɗauki wasa, ya gaida mai gida da mai unguwa, ya ce wa wannan shiga, wancan fita. Da an kira salla kuwa, ko 'yar wasa na tsakiyar kuka sai ta ajiye, a dawo ta ɗora. Yanzu ido ya yi rauni, ya ajiye aiki.

Ɗana Abdulrashid awon hatsi yake yi a kasuwa. Wata shekara Malam ya sa shi ya fito a mugun ɗan kasuwa, mai zuba yashi a gero, mai tauye mudu. Ya kuwa iya abin har ya wuce misali. Wasan na fita, ciniki ya tsaya cak. Matan Chinade da suka saba awo a wurinsa suka koma rumfar maƙwabci. Wata tsohuwa, Iya Kaltum, ta tsaya a kansa ta ce, "Kai ɗan nan, ka ji tsoron Allah, da idona na gan ka." Ya ce wasa ne. Ta ce, "Wanda bai saba ba, ina ya iya karkata mudu haka?" Ga shi da mata da 'ya'ya, ga sunan gidanmu.

Da safe na ƙi zuba wa Malam ƙosai. Na ce, "Ka kashe wa ɗana kasuwa, ka kuma zo cin ƙosaina?" Bai ce mutane ba su waye ba. Sai ya ce, "Laifina ne, Hajiya. Ni ɗan wasa na sani, su mai awo suka sani."

Ranar kasuwa sai ga shi a rumfar ɗana da kyamara. Ya nemo Iya Kaltum, ya ce ta zaɓi buhun da ta ga dama. Ta rairaye geron da hannunta, ta auna da mudunta na gida. Ba yashi, mudu ya cika har da tozo. Ta harari ɗana ta ce, "To na yarda. Amma ka daina wannan kallon na ɓarayi." Kasuwa ta kwashe da dariya. Malam ya sa wannan a ƙarshen wasan makon, masu sayen hatsi suka dawo.

Tun daga nan, duk wasan da ya gama, sai 'yan wasa su fito da kayan jikinsu na gida, kowa ya faɗi sunansa da sana'arsa. Boka ya ce shi tela ne. Ɓarawo ya ce shi ladan ne a Disina.

Malam, kai ne ka ari mutuncin 'ya'yan mutane ka mayar da shi ba tabo. Mai aro da amana! Mun gode, Allah ya saka da alheri, ya ƙara wa idon nan haske.

Ku kuma samarin da ke ɗaukar fim da waya, ku koya. Wanda kuka sa ya fito a mugu, gobe kasuwa zai tafi neman abincin iyalinsa.

Ƙosanka na nan, Malam. Yanzu dai ba inda kake sauri, sai ka zauna ka ci.