Kazar Shinuwa a Kwano Mai Jan Fenti

Kun daɗe kuna tambayata inda tsohuwa irina, 'yar garin Buza, ta koyi kaza mai sukari da barkono, duk lokacin da na sa hoton kazar a shafin nan. Kullum sai in yi dariya in kauce. Kunya ce ta hana ni, kunyar da ta girmi yawancinku. Yau zan faɗa.

Na koye ta ne a asibiti, a sashen masu tarin fuka.

Bayan babban farin nan na shekarun tamanin abin ya same ni. Tari ya fara kamar mura. Na sha jiƙo, na sha zuma, ya ƙi tafiya. Zanen da nake ɗaurawa ya fara zagaye ni har da saura. Ranar da na ga jini a bakin mayafina, na wanke shi a ɓoye, ban gaya wa kowa ba.

A lokacin, a unguwarmu, ni ce mai hannun miya. In ana suna ko biki, ni ake kira kan tukunya. Da magariba mata kan aika wa juna kwanon tuwo, kuma nawa ake jira. To mai irin wannan suna ce za ta ce tana tarin jini?

Faɗuwa na yi a bakin rijiya, sannan maigidana ya sani. Ya sayar da ragonsa, ya sa ni mota zuwa asibitin Tawa. Aka ɗauki hoton ƙirji, aka ba ni gwangwani in tofa majina. Likita ya ɗaga hoton ga haske ya ce, "Ana warkewa, amma sai kin yi haƙuri da magani."

Kowace safiya allura, har zama ya gagare ni. Ga ƙwayoyi cike da tafin hannu. Kunnuwana suka riƙa ƙara. Matar da ke gadon gefena ta rasu ina kallo, kuma wallahi na ji tsoro.

Abinci kuwa ko warinsa ba na so. Akwai wani dattijo daga Madawa, Baba Kuku, da ke jinyar matarsa. Ya taɓa yi wa 'yan Sin girki, waɗanda muke cewa Shinuwa. Wata rana ya hura gawayi a gindin bishiya, ya yayyanka tsokar budurwar kaza ƙanana, ya birkita ta cikin garin rogo, ya jefa a mai mai zafi. Ya bi ta da tafarnuwa da citta da albasa da barkono. Sai na ga ya ɗebo sukari.

Na ce, "Baba, sukari ga nama? Hura da nono ta?"

Ya ce, "Ɗiyata, ɗanɗana tukun, sannan ki zage ni."

Ya zuba ruwan tsamiya, miyar ta yi kauri tana sheƙi, ya sauke. Ko shinkafa ba ta nuna ba ya gama, ya zuba mini. Na cinye har na lashe yatsu. Da ya ga haka ya koya mini, ya ce hayaƙin itace ba nawa ba ne yanzu, in nemi abin da ke nuna da wuri.

Da aka sallame ni, likita ya jaddada wa maigidana cewa ba na ɗora wa kowa ciwon kuma, in dai ina shan magani. Ya ce ciwon iska yake bi, ba kwano ba.

Amma na tarar uwar mijina, Inna, ta ware mini kwano, ta ɗiga masa jan fenti a gindi don kada a haɗa. Ba mugunta ba ce, tsoro ne, ga jikoki a gidan. Duk da haka in na ga jan nan sai in ji kamar a goshina yake.

Na yi tuwo na aika wa maƙwabciyata kamar da. Ta kan katanga na hango akuyarta na cinye shi. Kwanon ya dawo an goge shi da toka, da godiya mai yawa. Na shige ɗaki na yi kuka. Aka yi suna a gidan da ke kallon namu, ba a kira ni ba. Na daina fita.

Ranar da na shanye maganin ƙarshe, na yanka kazata, na yi ta yadda Baba Kuku ya koya mini, don kaina ni kaɗai. Na zuba a kwanona mai fenti na juya wa tsakar gida baya.

Sai na ji Inna a kaina. "Mi a wanga mai ƙamshi hakanga?"

Na ce, "Kazar Shinuwa ta, Inna. Bari in samo miki wani kwano."

Ta dubi kwanon. Ta zauna kan tabarmata, ta yi bismilla, ta sa hannu a ciki. Ta tauna, ta ɓata fuska, ta ce, "Sukari! Mutanen ga ba su da hankali." Ta sake kai hannu. Ta ɗaga murya yadda za a ji bayan katanga, ta kira yaran gidan duka su zo su ci.

Ni dai na zauna ina kallon hannuwansu cikin kwanona.

Allah Ya jiƙan Inna, Ya jiƙan Baba Kuku da maigidana. Na gode wa ma'aikatan da suka jure ni, don ba ni da haƙurin allura.

In tari ya wuce mako biyu, ku je a auna majina, kada ku ɓoye kamar ni. In an ba ku magani, ku shanye shi ko kun ji sauƙi. A buɗe tagogi. In likita ya ce mutum ba ya ɗora wa kowa, to ku zauna ku ci da shi.

Masu cewa in sayi faranti mai kyau saboda hoto, kun ji dalili. Tsohon kwanon nan ne, fentin yana nan a gindinsa.