Matar da Ta Zo Kwana Ɗaya Kafin Ziyara

Duk ranar ɗibar ruwa, kafin masana'antar jima ta kama aiki, tana bakin magudanar da ke bayan katanga, da takalmin roba da kwalabe shida a jaka. Aikinta a hukumar kula da muhalli shi ne ta ɗebi ruwan da ake zubarwa kogi ta kai ɗakin gwaji. Shekara ashirin da takwas ke nan. A ofis Gwaggo Ban-Yarda-Ba ake ce mata, kuma ba a zalunce ta ba.

Da doka ta tilasta wa masana'antar sayen injin tace ruwa, an yanka ƙyalle, an tafa. Sai dai hukuma kan aika takarda mako guda kafin ziyara, kamar a sanar da ɓera ranar zuwan kyanwa. Ranar ziyara injin na ruri, ruwa garau. Wannan kyan ne ya dame ta. Sai ta ɓata lissafin rana da gangan, ta zo ana gobe ziyara. Direban hukumar shaida ne: ta tarar da leburori suna kankare gidajen zanzaro daga jikin injin.

"Ranka ya daɗe," ta ce wa manaja, "abin da ke juyawa kullum, yaushe zanzaro ya samu sukunin gini a kai?"

Ta ƙi sa hannu a takardar shaidar cewa injin na aiki. Shugabanta ya tuna mata cewa mutum ɗari huɗu ke ci a wurin, har da ƙaninta. Ta ce mutanen gangaren kogin ma da bakinsu, kuma ruwan suke sha. Aka mai da ita ɗakin ajiyar fayil. Ƙanin ya yi shekara biyu bai taka gidanta ba, abin da ya fi komai yi mata ciwo.

Sai masu sayen fata na ƙetare suka turo nasu masu gwajin, suka ce ba ciniki sai ruwa ya gyaru. Manajan nan da kansa ya roƙa a dawo da ita, don sa hannunta kaɗai suka yarda da shi. Yau hukuma na cewa dokarta ce ta ceci kogi, 'yan kasuwa na cewa cinikinsu ne. Gwaggo ba ta gaskata kowa ba. Ta ce doka ta sayi injin, tsoron asara ya kunna shi, ran da tsoron ya gushe kuma a kashe.

Ke ce kika riƙe gaskiya lokacin da ba ta da mai saye, Gwaggo. Mun gode, Allah ya saka da alheri. A watan nan take ritaya. Da wanda zai gaje ta ya nemi shawara, ba ta ja zance ba.

"Ɗana, ran da suka tarbe ka da fara'a, ka dawo washegari."

Masu tasowa, ku ji da kyau, domin 'ya'yan mutanen gangare har yanzu daga kogin nan suke sha.