Lauyan da Ya Zo Makoki da Tawada

Ina gasa gurasar gero da hantsin wata Talata aka zo aka ce mini motar yashi ta take mijina Mangilal a hanyar kasuwa. Na tuna sai da na sauke gurasar daga wuta, sannan na zauna a ƙasa. Ba wanda ya yarda haɗari ne. Kwana goma sha tara kafin nan ya kai takarda ofishin gunduma, kamar yadda doka ta ba kowa dama, yana tambayar wa ya ba da izinin kwashe yashin koginmu har rijiyoyi suka ƙafe. Sunansa kaɗai ne a kan takardar.

Aji uku na yi a makaranta, rubutu na ba ni wuya. Amma na ji Lauya Hukumchand Soni zai ajiye aiki ƙarshen watan nan don hannunsa ya fara rawa, sai na ce ba zai tafi shiru ba, dole in rubuta wannan.

Shekara arba'in ke nan, kullum ƙarfe tara yana jingine kekensa a gindin darbejiyar bakin kotu, ya buɗe tsohuwar tafiretarsa, ya sha shayi a kofin kasko. Baƙar kwat ɗinsa ta koɗe har ta koma ruwan toka. Duk wanda ya tambayi hukuma wani abu aka fara yi masa barazana, gindin bishiyar nan yake nufa.

Mu kuwa shi ya zo ya same mu, ran kwana goma sha biyu da rasuwar mijina, ranar da dangi da 'yan ƙauye ke taruwa a ɗaura wa magaji rawani. Ya bari aka gama, aka ci abinci, sannan ya kwance ƙunshinsa. Takardu ne fal da ɗan gwangwanin tawadar dangwale. Tambayar Mangilal ce ya sake bugawa, ba ragi ba ƙari, kowace takarda da gurbin suna.

Wan mijina Ratanlal ya taso masa, ya ce nan gidan makoki ne ba kotu ba, gawa ɗaya ta ishe mu.

Lauya bai ɗaga murya ba. Ya ce, "Ratanlal, ƙanenka ya mutu ne don shi kaɗai ya tambaya. Mota ɗaya ta isa mutum ɗaya. Ka faɗa mini motoci nawa za su nema wa ƙauye guda."

Ina bayan labule cikin lulluɓi, kuma ba a san matar mamaci da magana a ranar nan ba. Na miƙo hannu ta ƙasan labulen na ce a ba ni ɗaya. Na rubuta sunana, Sugna. Na san motar da ta san hanyar mijina ta san tawa.

Sai tsohuwa Phooli, wadda ta haura tamanin, ta ja jiki ta matso. Ta ce, "Kawo tawadar nan, ɗan nan. In za su kashe ni su hanzarta, mutuwa ta daɗe tana yi mini alkawarin ƙarya." Aka yi dariya a gidan makoki. Kafin rana ta karkata mutum sittin da uku sun sa hannu ko sun dangwala. Ratanlal ne na ƙarshe, yana gunaguni.

Lauya, Babuji kamar yadda muke kiranka, kai ne ka kai takardun nan da hannunka. Kai ne ka tsaya gaban alƙali har sau bakwai, sai da ya ba da umarni a ajiye ɗan sanda a ƙofata, a kuma manna amsar tambayar a fili inda kowa zai gani. Da amsar ta fito, ashe babu wani izini, ba a taɓa bayarwa ba. Motocin suka daina zuwa. Shari'ar direban tana nan tana jan ƙafa, ba zan yi ƙarya ba. Amma damina biyu bayan haka guga ya taɓa ruwa a rijiyarmu, kuma a cikin sittin da ukun nan ko ƙwarzane ba a yi wa kowa ba.

Na gode, garkuwar mai tambaya. Ku kuma matasan lauyoyi masu sababbin kwat, ga kujerarsa nan a gindin darbejiya, wani ya zauna. Darasin ba shi da tsawo: kada ku bar kowa ya sa hannu shi kaɗai.

Gwangwanin tawadar nan a wurina ya bar shi. Ya ce ƙauyen da ya iya tambaya ba ya rasa wata tambayar. Yana kan taga kusa da ƙofa. Kowace safiya, kafin in ɗora kaskon gurasa, ina buɗe shi in ɗiga masa ruwa kaɗan don kada ya bushe.