Duwatsun Inna da Katangar Kudu

Shekarar da Nasara suka zauna a Agadas, itacen wuta ya yi wuya. Raƙuman da ke kawo mana shi daga wajen Dabaga duk an kwashe su suna ɗaukar kayan kumandan, shugaban sojan Nasara. Inna kuwa ta tsufa, ɗari na shiga mata gwiwa har ba ta iya miƙewa salla.

Muna da dabararmu tun Baba na da rai. Baƙaƙen duwatsu ne guda bakwai, masu faɗi, na Abzin. Da hantsi in hau soro in shimfiɗa su a rana, in koma ɗinkin fatata. Da la'asar in sauko da su cikin tsohon bargo, in jera ƙarƙashin gadonta, in ja ƙofa. Ɗakin yakan riƙe ɗumi har asuba.

Wata rana ina juya su, sai wani gardi, ɗan sandan kumandan, ya daka mini tsawa daga ƙasa.

"Kai baduku, wa za ka jefa?"

Na ce, "Na tsohuwa ne, rana suke sha."

"Dutse ke shan rana? An hana hawa duk soron da ke kallon sansani. Sauko."

Na roƙe shi ya taɓa ɗaya ya ji. Bai taɓa ba.

Na mai da su tsakar gida. Amma da ɗari rana takan karkata kudu, katangarmu ta kudu kuwa doguwa ce, Baba ya ɗaga ta don kada masu wucewa su ga matan gida. Kafin dutse ya yi ɗumi inuwa ta rufe shi. Na gwada kai su fili bayan gari, na bar aikina ina zaune ina tsaronsu. Kafin in iso gida sun huce. Inna ta ɗora hannu ta ce, "Kai wannan, tuwon jiya ya fi su zafi."

Kwana tara ina wannan kai da kawo, ga tari ya kama ta. Na ce zan rage katangar.

Ta ce, "Katangar ubanka? Gara ɗarin."

Ran na goma na ɗauki gatari na sauke katangar zuwa ƙirjina. Rana ta shigo, duwatsu suka yi zafi, tarin ya lafa. Sai dai tun daga nan duk mai jakin da ya wuce sai ya leƙo ya gaishe mu. Inna ba ta ƙara zama tsakar gida ba. A ɗaki ta ƙarasa ɗarin, cikin ɗumi, in na shigo da duwatsun sai ta juya fuska bango.