Butar Tagulla Ta Dawo Utaibiyya

Da asubar Alhamis ɗin da ta wuce muka tashi daga Utaibiyya, unguwarmu ta Makka, liman na sallamewa muna hawa lori. Ɗa'ifa muka nufa, kuma ƙwallo ce ta kai mu. Na san akwai mai cewa, mutum yana zaune a Makka, maƙwabcin Ɗakin Allah, ya rasa abin da zai hana shi barci sai ƙwallon ƙafa? To, a yi haƙuri a ji, don mu abin nan ya daɗe yana ci mana rai.

Kawuna ne ya kafa ƙungiyarmu tun yana da ƙarfinsa. Yawancinmu 'yan ga-ruwa ne, sai teloli, sai ni mai tsire, da nake tsaron baya. Duk shekara in zafi ya tsananta mukan kara da Hausawan Ɗa'ifa masu aikin lambu, wanda ya ci ya riƙe wata butar shayi ta tagulla. Ƙa'idar kuwa, inda butar take nan ake zuwa a same ta. Rabon butar nan da Makka tun kafin yaƙin duniya, shi ya sa kullum mu ne a hanya. A cikin gari babu unguwar da ba mu lallasa ba, amma da mun hau Ɗa'ifa sai ƙafafunmu su yi nauyi, a yi ta zura mana muna kallo. Samarinmu suka fara sulalewa zuwa ƙungiyoyin Larabawa. Bana kawu ya tara mu ya rantse: in muka sake dawowa hannu rabbana, zai farke ƙwallon ya ɗinka guga da fatar, kowa ya kama gabansa. Wanda ya san kawu ya san ba ya rantsuwar wasa.

Babu dalilin da ba mu kawo ba a shekarun nan. Wani ya ce sanyin Ɗa'ifa ne, wani ya ce tsakuwar filinsu, mai tsaron gidanmu kuwa ya tsaya kai da fata asiri ne, har turare ya taɓa yi wa ƙafafunmu. Inna, matar kawu, ita ce ta gaji da jin mu. Tana tankaɗe ko kallonmu ba ta yi ba ta ce, "Wane irin asiri? Salik ne ke cinye ku. Kuna sauka ku cika ciki, sannan ku ce za ku yi gudu?"

Salik shinkafa ce da ake dafawa da romon rago da madara har ta narke, a kwarara mata man shanu. Mai masaukinmu na Ɗa'ifa aminin kawu ne, tare suka taho daga Kano a ƙasa, suka yi shekaru a Sudan suna noman auduga kafin su ƙetare teku. Yaya ne sunan da kawu ke kiransa da shi. Duk zuwanmu sai ya yanka rago, a ajiye mana salik da rana tsaka, shi kuma yana tsaye a kanmu yana cewa a ƙara. Wa ya isa ya ce ya ƙoshi? 'Ya'yansa da yaran lambunsa, waɗanda su ne abokan karawarmu, ba sa zama cin abinci da baƙi. Nasu zuba ruwa da miƙa tawul, sai bayan wasa su ci. Shekara da shekaru muna ganin wannan, ladabinsu kawai muke yabawa.

Ƙin abincin dattijo irin wannan ba ya yiwuwa, sai da uzurin da shi ma zai girmama. Kawu ya je wurin wani malami a Harami, malam ya yi dariya ya ce azumin Alhamis sunna ne, mu dai mu gyara niyya, kuma mu tuna mu 'yan Malikiyya in mun ɗauka ba ma karyawa don mai masauki. Saboda haka da sahur a cikinmu muka hau lorin nan, dukanmu har kawu.

Mun bi ta Ma'abda muka fita Shara'i gari na wayewa. Daga nan hanya ta zama sai a hankali, yashi da duwatsu, lori na jefa mu sama tana cafewa. A wani kwari ta kafe, muka sauka muka tura, direba na zaune a ciki yana ihun "Yalla, ya shabab!", wato maza samari, kamar shi ke da wahalar. Mutumin Jidda ne, gajere mai tumbi, bai taɓa ganin fasinjan da ba sa roƙon a tsaya shan shayi ba. Da ya ji azumi muke kuma ƙwallo za mu buga, sai ya tafa hannu ya ce lallai ranar Makka ta taɓa mana kai.

A Zaima aka gwada imaninmu. Wuri ne mai ƙorama a gindin dutse, ga ayaba ƙanana masu ƙamshi an rataye a bakin hanya, nonon ayaba guda kirshi huɗu, abin da a Makka ko kallonsa ba ka yi a haka. Direba ya miƙe a gadon igiya na mai shayi, ya sa aka kawo masa buta da burodi, yana ɓare ayaba yana yi mana bisimilla. Ni da sana'ata nama ce, hancina ya jiyo ana soya hanta a bayan rumfa, kuma daga ƙamshin na gane an cika mata wuta, amma duk da haka sai da yawuna ya tsinke. Na koma bakin ƙorama na tsoma ƙafa, na juya musu baya.

Bayan Sail, inda masu shiga Makka ke ɗaura harami, hanya ta fara hawa. Iska ta sauya, zufar da ta jiƙa mana riguna ta bushe. Can sai ga lambuna, inabi na reto a kan katanga, rumman ya yi ja, masu barshumi, wato 'ya'yan wani icce mai ƙaya, suna ferewa a bakin titi. Ɗa'ifa gari ne da ko jakinsa ya fi na Makka ƙiba. Ana kiran azahar muka tsaya a ƙofar mai masauki.

Dattijon ya fito da fara'arsa ya rungume kawu. Muna idar da salla aka shigo da farantai, tururi na tashi, man shanu na kwance a sama, kan rago a tsakiya.

"Marhaba da mutanen Makka! Yalla, ku wanke hannu, salik ba ya jira."

Kawu ya sunkuyar da kai. "Yaya, ka yi mana afuwa. Azumi muke, har da ni."

"Azumi? Yau wane wata muke ciki?"

"Alhamis ce, Yaya."

"Alhamis nawa kuka zo gidan nan kuka ci?"

Fuskar tsohon ta canja, ni kuwa kunya ta kama ni har na rasa inda zan sa idona, don mutumin nan bai taɓa yi mana komai ba sai alheri. Ya daɗe yana kallon farantan. Sannan ya ce abincin da ya fito ba ya komawa madafa a gidansa, ya juya ga 'ya'yansa da yaran lambu da ke tsaye da butocin wanke hannu ya ce su zauna. Babban ɗansa, wanda shi ne kyaftin ɗinsu, ya ce, "Ya Abuya, wasa fa da la'asar ne." Tsohon ya ce, "Ka taɓa jin baƙona ya faɗi haka? Zauna." Suka zauna. Ya tsaya a kansu kamar yadda yake tsayawa a kanmu, yana cewa a ƙara. Ni na karɓi buta na zuba musu ruwan wanke hannu, kuma Allah ya sani na yi iya ƙoƙarina kada a ga haƙorana.

Kada wani ya ɗauka daga nan wasa ya zama mai sauƙi. Yaran Ɗa'ifa sun iya ƙwallo, kuma fili nasu ne, jama'a tasu ce. Ana farawa suka taso mana, kyaftin ɗinsu ya buga wata da ta daki turke har ya girgiza. Wata kuma ta wuce mai tsaron gida, na faɗi na tare ta da ƙirji a kan layi, tsakuwa ta kwashe mini fatar gwiwa. Aka tafi hutu babu wanda ya ci. Su suka rufa a kan tulu, mu muka zauna a inuwa muna haɗiyar iska. Maƙogwarona ya bushe ƙamas, na ce wa wani ɗan ga-ruwanmu ni dai na kusa faɗuwa. Ya dube ni ya ce shi a watan azumi yakan hau dutsen Makka da garwa biyu a kafaɗa da rana tsaka, wannan iskar ta Ɗa'ifa ai hutu ce.

Gaskiyarsa kuwa. Da aka dawo, 'yan ga-ruwanmu suka riƙa gudu kamar yanzu aka fara, su kuwa mutanen lambu sai ka ga mutum ya tsaya ya dafa ƙugu. Na san wannan tsayuwar sarai, ni na fi kowa yin ta a filin nan. Rana ta yi ja, inuwar duwatsu ta rufe rabin fili, sai ɗan ga-ruwan nan ya tsere da ƙwallo ta gefe, ya ɗago ta. Wani dogon telanmu, da bai taɓa cin ƙwallo da ka ba a rayuwarsa, ya rufe ido ya kai mata goshi. Ta shige.

Ban san ina da sauran murya ba sai lokacin. Abin da ya rage na wasan kuwa ya fi mini duk shekarun jira tsawo, duk ƙwallon da ta zo gabana sama nake aika ta, ko lambun wa za ta faɗa. Da alƙalin wasa ya busa tashi, muka ruga wurin kawu. Muka same shi zaune a ƙasa, ya cire hula ya rufe fuska da ita, kafaɗunsa na rawa. Ban taɓa ganin hawayensa ba sai ranar, kuma ni ma ban tsaya ɓoye nawa ba. Muna nan a kansa aka kira magariba, wani mai barshumi da bai san mu ba ya tura mana kwandonsa ya ce mu sha ruwa, kyauta.

Da fargaba muka koma masauki. Ashe muna fili tsohon ya sa an kayar da wani ragon, ya ce ba za a ce baƙonsa ya kwana bai ci salik ɗinsa ba. Na ci har sai da na jingina da bango. Bayan an kwashe farantai ya shiga ɗaki ya fito da butar, an goge ta tana ƙyalli, ya ɗora a cinyar kawu.

Kawu ya ce, "Yaya, tsakaninka da Allah, ka san abin da salik ke yi mana?"

Tsohon ya yi murmushi. "Da farko ban sani ba. Daga baya na lura, na yi shiru. In ka tafi da butar nan, me zai riƙa hawo da kai wurina? Cikin waɗanda muka taho tare, saura ni da kai."

Kawu ya riƙe hannunsa ya ce, "To, yanzu sai ka sauko."

Washegari da sassafe muka juyo. A Sail muka ɗaura harami, muka shiga Makka da umra, butar na naɗe cikin bargo kamar jaririya. A Zaima na sayi ayabar nan na rama, direba ma ya ce daga yau duk Alhamis zai gwada azumin, ko da yake bakinsa cike yake lokacin da ya faɗa. Labari ya riga mu isa Utaibiyya. Mata na guɗa ta tagogi, samarin da suka gudu suna kutsawa a taɓa butar, har da masu tambaya ko yaushe za a koma fili. Inna ta karɓe ta, ta leƙa ciki, ta ce shekara da shekaru ana kuka a kanta ashe ko girma ba ta da shi, ta ɗora ta a wuta.

Abin da tafiyar nan ta koya mini shi ne, mun yi ta neman maƙiyi a sanyi da tsakuwa da asiri, alhali ƙaunar wani tsoho ce ke kayar da mu, mu kuma kunya ta hana mu dubawa. Ƙwallon tana nan rataye a ƙusa a zauren kawu, ba ta zama guga ba. Jiya da yamma ya zo wurin tsirena, ya tsaya yana kallon naman bai saya ba. Can ya ce, "Ka fara nema mini rago tun yanzu, mai kyau. Yayana zai zo gidana."