Goggo Nhan, Idon Matan Bakin Kogi

Kullum da sassafe, kafin matan kasuwar bakin kogi su gama jera kifi, Goggo Nhan ta riga ta jingine kekenta, ta zauna gaban kwanon taliya mai barkono. Ba sa barin ta ta ci cikin salama. "Goggo, yau wa za ki ɗauka a hoto? Tsaya in wanke fuska!" Ita kuwa sai ta ce, "Bar ta haka, Tuyet, wanki ba zai gyara ta ba." Kasuwa ta kwashe da dariya.

A watan nan ta ajiye kyamara, bayan fiye da shekara talatin tana yin fim a kan rayuwar mutane ta zahiri.

Sa'ad da yaƙi ya ƙare, maza kaɗai ke riƙe kyamara a lardinmu na Quang Tri. Shugabanta a sashen yin fim ya ce mata, "Ƙanwata, kayan nan da nauyi, ki zauna a ofis." Ta saɓa su a kafaɗa ta ce, "Yaya, buhun shinkafa na ɗauka ana ruwan bama-bamai. Ina motar?"

Aka tura ta ɗauko sabuwar gada a fim. Ta ɗauko gadar, ta ƙaro da matan da ke tone bama-bamai daga gonaki, da wata tsohuwa mai tuƙa kwalekwale, Kaka Mui, tana zazzaga wa fasinjoji masifa. Manya suka ce a cire tsohuwar, ba ta murmushi. Har barazanar karɓe kyamara aka yi. Nhan ta kafe, tsohuwa ta zauna a fim.

Fim ya zaga har kudancin ƙasa. A wata masaƙa da aka haska shi, wani ma'aikaci mai suna Khoa ya miƙe yana ihu: "Ku tsayar! Wannan masifar ta uwata ce!" Tun yana yaro gudun hijira ya raba su, kowa ya ɗauka ɗayan ya mutu.

Nhan da kanta ta rako shi bakin kogi. Waɗanda suka gani sun ce Kaka Mui ta ƙare masa kallo, ta ce, "Ji yadda ka rame. Shigo a hankali, kada ka kifar min da jirgi." Sai ta saki filafili ta ƙanƙame shi, kwalekwale na ta juyi da su a ruwa. Nhan tana tsaye, kyamara a rufe. Da aka tambaye ta dalili, cewa ta yi, "Wannan nasu ne."

Ke ce idon waɗanda ba a kallo, Goggo. Ke kika nuna mana iyayenmu yadda suke, da laka a ƙafa da faɗa a baki. Mun gode.

Ku 'yan mata masu kyamara a aljihu, ga hanya an buɗe muku. Ku juya kyamarar wajen tsofaffinku tun suna da ƙarfin yi muku faɗa.