Ragon da Baba ya musanya

Yayana ya shekara ashirin a harkar fim tsakanin Inugu da Anaca, amma ko ƙeyarsa ba a taɓa gani a talabijin ba. Shi ke tara 'yan wasa, shi ke nemo gida da mota da abinci, kuma shi ke tsaye bayan darakta da ɗan littafinsa yana rubuta wace hula aka sa jiya, a wane hannu agogo yake. Babanmu, dillalin raguna a Fatakwal, bai taɓa ɗaukar wannan a matsayin sana'a ba. In aka tambaye shi babban ɗansa, sai ya ce yana can yana riƙe wa 'yan wasa lema. Yaya yakan yi dariya, amma na san abin yana cinsa a rai.

Wata shekara suka zo ɗaukar fim kusa da Kasuwar Oil Mill, suna neman rago na kwana biyu. Yaya ya durƙusa ya roƙi aro, Baba ya ba shi wani fari mai baƙin wuya. Da yamma aka dawo da shi. Washegari tsohon nan, da tsokanarsa, ya kwance wani daban mai kama da shi sak, wai zai ga ko akwai mai ido a cikinsu. Ni da nake wuni a turken, wallahi ban iya rabe su ba.

Ni da Baba muka kai ragon tare. Darakta ya duba ya ce a fara. Yaya ko littafin bai buɗe ba, ya ɗaga hannu aka dakata, ya matso ya rage murya.

"Baba, ba shi ba ne. Na jiya ƙahonsa na hagu ya fi lanƙwasa, kuma yana ɗan ɗingisa ƙafar baya."

Baba ya daɗe yana kallonsa. Ɗingishin nan ko mahautan da suka taya ragon ba su lura da shi ba. Ya koma da kansa ya jawo na jiyan.

Da fim ɗin ya fito muka kalle shi a gidanmu na Diobu. Al'adar Baba ce da labari ya ƙare ya ce a kashe janareta. Ran nan na miƙe, sai na ji ya riƙe mini riga. Sunayen ma'aikatan fim ɗin na ta hawa a talabijin, shi kuwa ba ya karanta boko.

"Ɗora min yatsa a kan nasa," in ji shi, "kafin ya wuce."